Wutsiyar Hawainiya a Kan Taswira

Na rantse da Wanda ya shimfiɗa teku bai kafa mata turke ba, ya zuba mata gishiri bai nemi mudu ba, kai mai karanta wannan fata ba za ka yarda da ni ba. Kuma ban ga laifinka ba. Ni Tunau ɗan Hakama, mutumin Birnin Kumfa, duk wanda ya san ni ya san tsakanina da gaskiya sai dai gaisuwa daga nesa. Amma yau an ba ni daga azahar zuwa cikar ruwa in rubuta abin da zan rubuta, kuma akwai mai tsaye a bakin ƙofa da taɓarya. Don haka ka saurara.

Garinmu yana bakin Tekun Kwana-Dubu, wadda ruwanta ba ɗaya ba ne. Akwai inda za ka wuni ka dawo ka tarar da tuwonka da ɗumi. Akwai inda za ka wuni ka dawo ka tarar ana bikin jikarka. Saboda haka babu mai hankalin da ke shiga cikinta ba da taswirar Boka Anaruwa ba.

Anaruwa bai kai hamsin ba, amma kansa fari fat, haƙoransa uku. Yana zane a kan fatar akuya da kurtun tawada biyu. Shuɗiya ta wurare ce: nan dutse, nan tsibiri, nan mashigi. Ja kuwa ta kwanaki ce. In ya ja jan layi na kwana talatin, sai ya dangwala babban yatsansa a ƙarshen layin, teku ta cire kwana talatin daga ransa, matafiyi ya je ya dawo daidai. Abin da ya tsufar da shi ke nan.

Wannan duka yanzu na san shi. A makarantar masu karatun taswira, shekara uku ake yi ana koyon shuɗi, a ta huɗu ake shiga ja. Ni kuwa a ƙarshen ta uku na ɗinke gindin rigar malaminmu da tabarmar da yake zaune a kai. Da ya miƙe zai tarbi baƙi, tabarma ta bi shi har soro. An kore ni a ranar, amma wallahi har yau ban ga ɗinkin da ya kai wannan kyau ba. Na fito ina gaya wa gari cewa na sauke, malamai ne suka ji tsoron in ƙwace musu aiki.

Ana nan sai ciwon yanar ido ya fara rufe idon Innarmu. Anaruwa ya ɗaga fatar idonta, ya duba, ya ce, "Kwana arba'in. In yanar ta haɗe, ko ni ba ni da dabara. Maganinta kwallin Tsibirin Masu Hangen Nesa. Kwana goma sha biyar zuwa, goma sha biyar dawowa, ga goma a hannu."

Yayana Jatau, wanda shekararsa goma sha biyu yana tuƙa jirgi, ya ja ni har gidan bokan. A gaban mutanen da ke jira a ƙofa ya ce, "Baba, wannan ƙanena ne. Bai iya filafili ba, bai iya ƙullin igiya ba, abin da ya iya a duniya buɗe haƙora. Amma ya ɗan san karatun fata, zan tafi da shi kamar yadda ake ɗaukar tulu mai yoyo in babu wani."

Mutane suka yi dariya. Ni ne ke sa gari dariya, yau ga shi da ni ake yi.

Anaruwa ya ce, "Kai dai ka bi jan layi, Jatau. Wanda ya sauka daga kansa ba a sake jin labarinsa."

"Baba, ni fa ban taɓa ganin dutse ɗaya sau biyu a tafiya ɗaya ba."

Na riƙe wannan maganar a kumatu kamar goro.

Ka'idar aikin ita ce da ruwan teku ake dama tawada, kuma ragowar ruwan dole mai zane da mai jirgi su mayar da shi teku tare kafin zanen ya bushe. Da Anaruwa ya gama, ya dangwala yatsa, sai suka ɗauki ƙwarya suka fita. Ya waiwayo ya ce mini, "Kai, zauna ka kore ƙuda. Kada ka taɓa komai."

Na zauna, na kori ƙuda biyu. Sai idona ya faɗa kan Dutsen Tsuntsaye, a tsakiyar hanya, layi ya wuce ta gefensa. Na ce a raina, dutse ɗaya sau biyu? Bari ka gan shi sau huɗu, Yaya. Kurtun shuɗi an rufe shi an ɗaure. Kurtun ja kuwa a buɗe yake, alƙalami a ciki. Na ce tawada ai tawada ce. Na ɗauka na kewaya dutsen sau uku, siriri, a naɗe, kamar wutsiyar hawainiya, na mayar da bakin layin inda yake. Ko mai shi sai ya ƙura ido. Kuma bai ƙura ba, don da suka dawo fatar ta bushe, ya naɗe ya miƙa wa Jatau.

Ranar tafiya Kyallu matar Yaya, abokiyar wasana, ta ce, "Kai mijin ƙarya, in ka dawo ba tsaraba, ba tuwo."

"In na dawo da kwalli ke ma sai na sa miki, ko kya ga irin mijin da kika zaɓa kika bar ni."

Inna ta laluba fuskata da tafin hannunta, tun daga goshi har haɓa. Ta ce, "Tunau, kada ka ba Yayanka wahala."

"Ni, Inna? Yaushe na taɓa?"

"Rufe mini baki. Ni dai in sake ganin fuskar nan taka ta marar kunya sau ɗaya, ya ishe ni."

Muka ɗaga ƙyallen iska, mu biyu kaɗai. Jatau ya rataye igiya, kowace safiya ya ƙulla ƙulli ɗaya.

A ƙulli na biyar muka shiga Mashigin Amsa-Gaba, tsakanin wasu duwatsu biyu dogaye da ke mayar wa mutum maganar da bai riga ya faɗa ba. Jirage da yawa sun nutse a wurin, don mutane kan ji zagin da za su yi wa juna baɗi, su hau dambe tun yau. Muna shiga sai muka ji muryar Yaya daga dutse tana cewa, "Riƙe igiyar, sakarai!" Can bayan ɗan lokaci iska ta kaɗa, ya faɗe ta da bakinsa. Na yi dariya har da hawaye. Sai kuma na ji tawa muryar, a shaƙe, tana cewa, "Ba ni ba ne, Baba, ƙuda ne!"

Jatau ya juyo. "Wane ƙuda?"

"Ina na sani? Ban faɗa ba tukuna."

Na rarumi ƙwaryar cin abincinmu na kife, na hau kiɗa da waƙar banza da iyakar ƙarfina, tun safe har la'asar, don kada dutsen ya ƙarasa zancen. Yaya ya zage ni ya gaji. Muka fita lafiya, kuma ko zai musa, kiɗana ne ya fitar da mu.

A ƙulli na tara muka iso Dutsen Tsuntsaye. Baƙi ne, tsuntsaye sun yi masa farin rawani, a gefensa wani ɗan tsiro da bai wuce kamu ɗaya ba. Na buɗe fata na ce, "Karkata hagu, Yaya. Haka layi ya ce."

Muka kewaya. Kafin rana ta matsa ko kaɗan, sai ga dutse a gabanmu.

Na ce, "A'a! Yaya, wannan dutsen bai yi maka kama da wani da ka sani ba?"

Ido ya zuba wa tsiron, wanda yanzu ya zama itace, ya fi mutum tsayi.

Ya ce, "Tunau, duba fatar nan da kyau."

"Na duba. Hagu."

"Raina bai kwanta ba. Mu miƙe kawai."

A nan ne, kai mai karatu, da na buɗe baki na ce wasa nake yi, da asarar ta tsaya a kashi ɗaya cikin uku. Amma fuskarsa ta yi mini daɗin kallo. Mai shekara goma sha biyu a kan ruwa, ga shi yana zufa. Na ce, "Ka manta abin da Baba ya ce? Wanda ya sauka daga jan layi ba a sake jin labarinsa. Ko ka fi boka sani ne?"

Ya cije leɓe ya karkata. A kewaye na biyu itacen ya yi rassa, tsuntsaye sun yi sheƙa a kai. A na uku reshe ɗaya ya bushe ya karye. Na kwanta a cikin jirgi ina riƙe da ciki. "Sau huɗu, Yaya! Dutse ɗaya sau huɗu! Sai na gaya wa Kyallu!"

Ranar ƙulli ɗaya kawai ya ƙulla, don rana ɗaya muka gani.

A ƙulli na goma sha biyar muka hango Tsibirin Masu Hangen Nesa. Mutanen wurin sun sa kwallinsu har ya yi musu yawa. Suna ganin tururuwa a tafiyar kwana bakwai, amma abin da ke gaban hancinsu ba sa gani, kullum cikin tuntuɓe suke da dokin ƙofarsu. Ba sa sayar da kwalli, ba sa kyauta. Tun muna nesa kibau suka fara sauka, muka kwanta a ƙarƙashin fatun ruwa, har ɗaya ta tsaga wa Yaya kunne. Da muka matso sai harbi ya tsaya. Muka ji suna ihu, "Ina suka shiga? Yanzu fa suna nan!"

Na sauka na ratsa ta tsakiyarsu. Maharba goma sha biyu a jere a kan ganuwa, idanu jajur, suna leƙen sararin teku. Na shiga rumbun kwalli na cika tandu, na fito na tsaya dab da hancin shugabansu na yi masa gwalo.

Jatau ya raɗa mini, "To, gwani, in mun yi nisa fa? Ai a nan za su gan mu."

Na ce, "Yaya, ka taɓa tambaya me ya sa aka kore ni daga makaranta?"

Na zaro allura da zare. Na ɗinke hannun rigar na farko da na biyu, na biyu da na uku, har na goma sha biyu, shi kuma na ɗinke wandonsa da tutar ganuwa. Da jirginmu ya yi nisa suka hango mu, kowa ya ja baka a lokaci ɗaya. Abin da ya biyo baya, ko ni da ba ni da idonsu na gani. Yaya ya yi dariya, karo na farko tun ina yaro da na sa shi dariya. Ya dafa kafaɗata ya ce, "Ashe tulun yana riƙe ruwa." Ya sa tandun a cikin rigarsa, daidai ƙirji.

Layin dawowa ta kudu ya bi, miƙaƙƙe, ban taɓa shi ba. Ranar ƙulli na talatin da hantsi muka shigo gaɓar Birnin Kumfa, ina tsaye a goshin jirgi ina kirari.

Ba wanda ya amsa. Gaɓar ta yi faɗi, an gina rumfuna inda babu. Masu ɗinkin taru suka dube mu kamar baƙi. Muka nufi gida. Durumin ƙofarmu, wanda na sha karya wa reshe, an sare shi. Wata mace mai furfura tana tankaɗe a tsakar gida. Ta ɗago, rariya ta faɗi daga hannunta.

Yaya ya ce, "Baiwar Allah, ina mutanen gidan nan?"

Ta daɗe tana kallonsa. Sannan ta ce, "Ko gemunka bai ƙaru ba."

Kyallu ce.

"Shekara ashirin da ɗaya, Jatau."

"Kwana talatin!" Ya fizgo igiya yana nuna mata. "Ƙirga! Ƙirga mana!"

Ba ta ko kalli igiyar ba. Ta ce, "Idon ya rufe ranar arba'in, kamar yadda aka faɗa. Kullum da safe ni ke riƙe sandarta in kai ta gaɓa. Shekara tara muna haka. Duk jirgin da ya tsaya sai ta ce, 'Kyallu, saurara, kin ji dariya? In su ne, dariyar Tunau za ta riga su isowa.' Mutane suka ce kun nutse, ta ce ƙarya ne, yaron nan ko teku ba za ta iya haɗiye shi ba, sai ta tofar. Tana bayan gari yanzu, kusa da Babanku."

Ta juyo kaina. Na jira ta ce mijin ƙarya, ina tsaraba. Ba ta ce ba.

Yaya ya zauna a ƙasa, hannunsa a kan ƙirji inda tandun yake. Bai yi kuka ba. Can ya miƙe ya ce, "Bokan nan ya cuce mu. Tashi."

Na ce cikina yana ciwo. Ya riƙe wuyan hannuna.

Anaruwa yana nan, ya ƙanƙance kamar busasshen kifi, ba haƙori ko ɗaya. Jatau ya jefa masa fatar. "Ga aikinka!"

Ya shimfiɗa ta, ya bi layi da farce, a hankali, har ya zo Dutsen Tsuntsaye. Ya tsaya. "Kewaye uku, kowanne shekara bakwai. Kuma babu dangwale. Layin da ba a dangwala wa yatsa ba bai san mai shi ba, sai ya ci na masu jira. Shekara ashirin da ɗaya gari yana tofa mini yawu a kan wannan fatar." Ya ɗago. "Wa na bari a ɗakin nan?"

Na ji bakina yana faɗa, da shaƙaƙƙiyar muryar nan da na riga na sani, "Ba ni ba ne, Baba, ƙuda ne! Ya faɗa a tawada, ya fito yana tafiya."

Yaya ya saki hannuna a hankali. Ya tuna mashigin.

Anaruwa ya ce, "Ƙuda."

"Wani ƙato, ranka ya daɗe."

"Rai nawa ka bar mini da zai daɗe? Zo ka gani. Mai zane da hannun dama, in zai yi kewaye, daga nan yake farawa ya bi nan. Wannan ta baya ya bi, kuma gefen hannu ya shafi tawadar. Ƙudan naka bahago ne?"

Duk Birnin Kumfa na wancan zamani ya san da hagu nake ɗinki.

Na yi tsalle na nufi ƙofa. Ni da na tsere wa maharba goma sha biyu, sai na yi karo da Kyallu. Ta biyo mu da taɓaryarta. Ba ta ɗaga ta ba, gicciye ta kawai ta yi.

Na jira Yaya ya doke ni. Da ya yi, da na ji sauƙi. Abin da ya ce kawai shi ne, "Na ce maka mu miƙe."

Anaruwa ya ce akwai gyara, amma guda ɗaya. Wanda ya ja layin zai dangwala yatsan da ya ja shi, ya karɓi shekara ashirin da ɗaya na zanawa. Sannan ya bi shi ta baya da busasshen alƙalami, ya karɓi ashirin da ɗaya na gogewa. In an yi haka, fatar za ta ɗauki mutum ɗaya ta sauke shi a gaɓa ranar ƙulli na talatin na gaskiya, da tandu a ƙirjinsa, da kwana goma a hannu.

Na ce, "Mutum ɗaya? To ni fa? Wannan garin fa?"

"Yana nan. Kai ka zana shi, kai za ka zauna a ciki."

Jatau ya dubi Kyallu. Ta ce, "Tafi. Waccan Kyallun tana da sauran baƙin gashi, kada ka bar ta ta zama ni. Wannan kuwa ka bar mini shi. Akwai sandar Inna a ɗaki, zai buƙace ta."

Na roƙi a ba ni zuwa cikar ruwa, Anaruwa ya ba ni wata tsohuwar fata da tawada baƙa, wadda ba ta cin komai. Ɗazu Yaya ya zo ya tsuguna kusa da ni, bai dube ni ba. Ya ce, "In idonta ya buɗe, kai za ta fara nema. Me zan ce mata?"

"Ka ce an naɗa ni sarki a Tsibirin Masu Hangen Nesa. Ka ce na yi ƙiba, ina da jirage ɗari, ina nan tafe in aiki ya yi sauƙi."

"Ban taɓa yi mata ƙarya ba."

"To ka koya, Yaya. Ni da na iya ba zan je ba."

Ruwa ya cika. Ina jin igiyar ruwan tana dukan katangar gidan. Anaruwa ya kwance kurtun ja, yana cewa hagu, ba dama ba, kada in ce zan yi masa wayo. Kyallu ba ta motsa daga ƙofa ba.

In wata rana ka sauka a Birnin Kumfa, ka ga wani tsoho bahago a gaɓa da sandar mace, yana kasa kunne ga jirage, kada ka tambaye shi shekarunsa. Zai ce maka ashirin da takwas, kuma ba za ka yarda ba.